Littattafan Rum da Inna Take Yi wa Turare

A gidanmu na unguwar Hindawiyya a Jidda, takarda mai rubutun Larabci ba ta kwana a ƙasa. Dokar Inna ce wannan, kuma ba a ɗaukaka ƙara. Ko takardar da mai kanti ya ƙunso mana sukari ce, muddin da baƙaƙen Larabci a jikinta, sai Inna ta karkaɗe ta, ta kai ta goshi, ta cusa a wani ramin bango da ke bayan ƙofa. In ramin ya cika ta kwashe ta ƙona a wuri mai tsabta. Gyaɗa da 'ya'yan kankana take soyawa ta sayar a bakin makarantar maza, kuma duk matan da suke jere da ita da tsohuwar jarida suke ƙunshi, ita kaɗai ce take bin magina tana roƙon takardar buhun siminti. In an yi mata dariya sai ta ce, "Ku kun san inda sunan Allah yake a ciki? To ni ban sani ba, don haka duka na ɗauke."

Ba ta iya karatu ba, ko alifi. Larabcin kasuwa kam a bakinta yake, in mai amalanken jaki ya fantsama mata ruwa za ta wanke shi tas da Larabcin Hijaz har sai ya ce halas ya hajja, samahini, wato ya isa hajiya, ki yafe mini. Amma Larabcin littafi wani abu ne daban, a wajenta duk addu'a ne.

Mu uku ne a gidan tun da Baba ya rasu: Inna, da Yaya, da ni. Baba da ƙafa ya zo daga ƙasar Kano, ya yi shekaru a Sudan, can ya auro Inna, ya ƙarasa Makka ya yi hajji, bai koma ba. Dako ya yi a tashar jirgin ruwa har ƙarfinsa ya ƙare. Yaya ya girme ni da shekara tara, kuma shi ne mai ƙwaƙwalwar gidan, wannan ba na musu. Wani Balaraben ɗan kasuwa, Bahadarmi, da yake yi wa rubutu ya ga yaron ya fi ƙarfin kanti, sai ya nema masa takardar tafiya, ya tura shi karatu Masar. To ku sani, a unguwarmu in aka ce wane ya tafi Masar karatu, magana ta ƙare, malami za a dawo da shi. Ba wanda ya tambayi wane irin karatu. Mata suka fara kiran Inna uwar malam, ita kuma tana amsawa da wani irin sunkuyar da kai na ƙarya, alhali har tafiyarta ta sake.

Shekara biyu da 'yan watanni ya yi. Bai dawo da rawani ba, da tari ya dawo. Na tuna ranar da aka shigo da shi, riga tana yawo a jikinsa, da akwatin ƙarfe guda ɗaya. A cikin akwatin akwai kaya 'yan kaɗan da littattafai uku masu kauri, bangonsu kore, da rubutun zinariya a gadon bayansu. Ya yi wata biyar a kwance a ɗakin da ya fi samun iskar teku. In ya ji dama-dama sai ya jawo ɗaya ya buɗe, da ɗan guntun fensir a hannunsa. Maƙwabta suna shigowa gaisuwa su ce malam a yi mana addu'a, shi kuma ya ɗaga hannu cikin jin nauyi ya yi musu wadda kowa ya sani. Bai taɓa cewa shi malami ne ba. Bai kuma taɓa cewa shi ba malami ba ne. Allah ya ji ƙan Yaya, ina son shi har gobe, amma wallahi ya bar ni da aiki.

Bayan sadakar arba'in Inna ta ɗauko haramin Baba, farin ƙyallen da ya yi hajji da shi, ta naɗe littattafan nan, ta ɗora su a kan dulab, wato babban kabad ɗin kayanmu, inda ba abin da zai kasance a samansu. Kowace Juma'a bayan la'asar za ta yi alwala, ta sa garwashi a kasko, ta zuba turaren wuta, ta sauko da su ta yi musu turare ɗaya bayan ɗaya, ta mayar. Ni ko kusa ba na zuwa sai da alwala. Ta taɓa kama ni zan ɗora tiren shayi a kan dulab ɗin, ranar na ji zagin da ban san ta iya ba.

A lokacin ne aka fara buɗe wa 'yan mata makarantar gwamnati. Na riga na yi karatun allo a wajen wata malama a unguwa, don haka da na shiga ban sha wuya ba, cikin shekara biyu ina karanta duk abin da ya zo hannuna. Wata Juma'a, ina da shekara goma sha biyar, Inna ta gama turarenta, sai ba ta mayar da littattafan ba. Ta miƙo mini na farko da hannu biyu.

"Tunda yanzu kin iya, karanta masa," ta ce. "Karatunsa ne. In ana karantawa lada yana isa gare shi a kabari."

Na karɓa ina jin kaina wata babba. Na buɗe. Shafin farko da bisimilla ya fara, Inna ta gane siffarta, ta ce, "Kin gani ko." Sai na sauke ido ƙasa na karanta abin da ke rubuce da manyan baƙaƙe. Littafin dokokin Rumawa ne na dā. Rumawan da suka yi zamani tun kafin Musulunci, masu bautar gumaka, su da dokar aurensu da gadonsu da cinikinsu. Wani malamin jami'a ne a Alƙahira ya rubuta shi don ɗaliban aikin lauya na shekarar farko. Na duba na biyu, ci gaban na farko ne. Na uku kuwa tarihin yadda dokokin suka bi duniya. Babu tafsiri, babu hadisi, babu fiƙihu, bisimillar nan ta farko ita kaɗai ce.

Na ɗago kai. Inna ta riga ta gyara zama a kan tabarma, ta miƙe ƙafa, ta ja mayafi, tafin hannunta a buɗe a kan cinya. Rabon da in ga fuskarta a sake haka tun kafin a dawo da Yaya.

"Yalla mana," ta ce. "Ko ya fi ƙarfinki?"

Na ce a'a. Na juya shafi na fara karantawa.

Na sha tambayar kaina me ya sa ban faɗa mata a ranar ba. In na ce tausayi ne kawai na yi wa kaina ado. Da tausayi, da tsoro, da kuma wata wauta ta yarinya mai ganin ai sau ɗaya ne, mako mai zuwa za ta manta. Inna ce za ta manta! Juma'a ta gaba tun kafin in cire rigar makaranta ta ranar Alhamis take tuna mini.

Haka muka shiga. Ni ina karanta Larabcin da ƙarfi, ita tana lumshe ido, duk inda na ja numfashi ta ce, "Allahu Akbar." Da a nan abin ya tsaya da sauƙi. Amma Inna ba ta yarda a bar ta a duhu ba, in na gama shafi sai ta ce, "To me ya ce?" Dole in juya mata da Hausa. Ƙarya kuwa ban iya ƙirƙirarta ba, sai dai zaɓe. Don haka tun ranar Laraba nake saukar da littafin a ɓoye, ba alwala ba komai, ina neman wurin da zai shiga kunnenta lafiya.

Akwai wurare da yawa da suka shiga. Na karanta mata inda suka ce jaririn da yake ciki ana lissafa shi kamar an haife shi in dai abin amfaninsa ne, kamar gado. Ta ce, "Haka ne, ai rai ne." Na karanta mata inda suka ce wanda ya kawo ƙara shi zai kawo shaida, ta ce wannan ko ita ta sani, Liman ya sha faɗa. Na karanta mata hukuncin wanda reshen bishiyarsa ya leƙa gidan maƙwabci, ta yi dariya ta ce a kai wa maƙwabciyarmu wannan, mai shanya ta ɗiga mana ruwa. Wanda ya fi kama ta shi ne inda suka lissafa abubuwan da ba mallakar kowa ba ne, na dukan mutane ne: iska, da ruwa mai gudu, da teku, da bakin teku. Mu da muke jiran saƙƙa, mai kawo ruwa a garwa, kamar ana jiran baƙo daga nesa, wannan magana ta zauna mata. Sau uku ta sa na maimaita. Ta ce, "Ruwa na kowa ne. Kin ji abin da ɗana yake karantawa."

Akwai kuma wuraren da na tsallake da gudu. Inda uba yake da ikon sayar da ɗansa. Inda bawa yake cikin lissafin kaya tare da shanu da gona. Wannan babin ko da wasa ban taɓa shi ba, don Inna ta san mata da sunayensu da aka raba da iyayensu a hanyar hajji aka sayar, wata ma muna gaisawa da ita a kasuwa. In ta ga na juya shafuka da yawa a haɗe sai ta ce, "Ke, tsallake kike?" In ce wannan wurin na manyan malamai ne. Wani lokaci ta leƙo ta ga rubutun boko a ƙasan shafi, kalmomin Rumawan ne da harshensu, ta tambaye ni me ya kawo rubutun Nasara cikin littafin Allah. Na ce alamar masu ɗab'i ce. Ta ce Allah ya shirye su.

Abin da ban zata ba, ni kaina littattafan suka kama ni. Na uku musamman. Shi ya ba da labarin wani sarkinsu da ya tara masana ya sa suka tattara dokokin da suka warwatse, suka mai da su littafi. Mulkin ya rushe, littafin ya ɓace wa mutane ɗaruruwan shekaru, daga baya aka tono shi a ƙasar Italiya, ɗalibai suka riƙa tururuwa suna koyo. Daga can ya shiga dokar Faransa, daga Faransa ya sauka kotunan Masar. Ni 'yar Hindawiyya, wadda iyakar tafiyata Makka, ina zaune a kan tabarma ina bin wata doka tana tsallaka teku tana sauya harshe. Har na fara jin haushin malamarmu ta makaranta don ba ta san komai a kai ba. Girman kai dai na mai ɗan karatu.

A cikin na ukun nan na ci karo da rubutun Yaya. Dā ma akwai 'yan layukan fensir nan da can, amma wannan shafin ya cika gefensa taf. Shafin yana magana ne a kan baƙi, mutanen da aka haifa a ƙasar Rum, suka girma a can, suka mutu a can, amma doka ba ta ɗauke su 'yan ƙasa ba, har wani sarki ya zo ya ce duk wani ɗa mai 'yanci da yake zaune a ƙasar ya zama ɗan ƙasa. A gefen wannan Yaya ya rubuta da Hausar ajami, da ƙananan baƙaƙe:

"Baba, shekara talatin a Jidda, ya rasu baƙo. Inna, an haife ta a hanya, ba ƙasar da ta rubuta ta. Ni da ƙanwata haihuwar Hindawiyya. In na gama zan san ƙofar da ake bi."

Na daɗe ina kallon rubutun. Ashe abin da ya kai shi ke nan. Mu ba mu da takardar zama 'yan ƙasa, abin da kowa ya sani ne a layinmu kuma ba a zancensa, sai dai in an ga mai kaki ya shigo unguwa kowa ya tuna yana da aiki a ɗaka. Yaya ya tafi ya koyi aikin lauya ne don ya nemo wa uwarsa takarda. Na yi kuka ranar, na rufe littafin. Kuma ban karanta wa Inna ba, don in na karanta za ta tambayi me ya haɗa wannan da karatun addini. Maganar da ɗanta ya rubuta a kanta da hannunsa, na ɓoye mata ita shekara biyu don in kare ƙaryata.

Shekara huɗu muka yi a haka. Sai aurena ya taso. Wani direba ne ɗan unguwar Sharafiyya, ɗan ƙawar Inna, ina son shi yana so na, ba wata matsala. Matsalar daga wani wuri ta ɓullo. Saura wata guda biki, muna tsince gyaɗa, Inna ta ce ta yi tunani. In na tafi ba mai karanta wa Yaya. Don haka za ta kai littattafan masallacin unguwa ta yi waƙafi da su, ɗalibai su riƙa karantawa, lada ya riƙa gudana har bayan ranta. Ta ma riga ta faɗa wa matan layi. Ranar Juma'a ta sama za ta sa a kai wa Liman bayan salla, a gaban jama'a, a yi wa Yaya addu'a.

Gyaɗar da ke hannuna ta zube. Na ga abin a idona: Liman ya kwance haramin Baba a gaban mazan Hindawiyya, ya buɗe, ya karanta shafin farko. A garin da ko kalmar dokar Turawa ba a son ji a bakin mutum. Kafin magariba labari ya gama unguwa, uwar malam ta kai littafin arna masallaci, ɗan nata ma ashe ba malami ba ne. Inna da take tafiya da kai a sama kusan shekara tara.

Na yi ta kame-kame. Na ce ai zan riƙa zuwa duk Juma'a. Ta ce matar aure da yawo, a'a. Na ce to in tafi da su gidana in riƙa karantawa can. Ta ce mutum ɗaya da mutum ɗari ba ɗaya ba ne. Na ce ɗalibai za su yayyaga su. Ta dube ni ta ce, "Ke wai me yake damunki? Baƙin ciki kike yi wa ɗan'uwanki?" Wannan ta shige ni, na tashi na bar mata wurin.

Ranar Talata da hantsi na naɗe na farkon a cikin abayata na tafi gidan Liman. Dattijo ne Bahaushen Sudan, mai magana a hankali, shi ya yi wa Baba da Yaya salla. Matarsa ta shigar da ni, na zauna a bayan labule, na tura masa littafin ta ƙasa, na kwashe komai na faɗa masa. Ina jin ƙarar shafuka yana juyawa. Ya daɗe.

"To 'yata, me kike so in yi?" ya ce.

Na ce ya karɓa ranar Juma'a, kar ya buɗe, ya yi addu'a, daga baya ya ajiye su inda ya ga dama.

"Wato in tsaya a masallaci in karɓi waƙafi a kan abin da na san ba shi ba ne."

"Don Allah, Malam. Tsohuwa ce."

"Tsohuwa ce, ba yarinya ba," ya ce. "Littafin nan ba zagin Allah ba ne, ilimin mutane ne, har na ga wurin da suka yi daidai. Yayanki bai yi laifi ba da ya karanta. Amma ba na masallaci ba ne, kuma ba zan yi mata ƙarya ba. Ba kuma zan kunyata ta ba. Ki faɗa mata kafin Juma'a. In kin kasa, ki turo ta nan ni in faɗa mata a ɗakin nan."

Na fito ina tafasa. A raina har na ce wannan tsoho ba shi da tausayi, mene ne a ciki in ya yi shiru? Yau da na tsufa na san ya fi ni tausayinta. Shi ya ɗauke ta mutum mai iya jin gaskiya, ni kuwa shekara huɗu ina lallaɓa ta.

Laraba ta wuce ban iya ba. Ranar Alhamis bayan la'asar ta sauko da su don ta yi musu turaren bankwana. Tana durƙushe a gaban kasko, hayaƙi yana tashi, na ce, "Inna, littattafan nan ba na addini ba ne."

Ba ta juyo ba. "Na mene ne?"

"Dokokin wasu mutane ne, Rumawa. Tun kafin Annabi. Yaya aikin lauya ya tafi koyo."

"Musulmi ne su?"

"A'a."

Ta ajiye littafin da ke hannunta a kan haramin, a hankali. "Yaushe kika sani?"

"Tun ranar farko."

Na shirya wa mari, na shirya wa zagi, da ta yi ɗaya daga ciki da na ji sauƙi. Ba ta yi ba. Ta zauna daɓas a ƙasa, tana kallon garwashin. Can ta ce, "Shekara huɗu. Duk Juma'ar nan da nake zaune ina cewa Allah ka kai masa, me nake aika masa?"

Na sunkuyar da kai.

"Kin san ban iya ba," ta ce. "Shi ya sa na ba ki."

Ta tashi ta kwashe garwashin ta zubar, ta shiga ɗaki. Littattafan suna nan a ƙasa a kan haramin, abin da bai taɓa faruwa ba. Ni na ɗauke su na mayar.

Juma'a ta zo ba a kai komai masallaci ba. Ta ce wa matan layi ta fasa, da suka matsa mata ta ce kayan ɗanta ne, ta ga dama. Liman bai taɓa buɗe baki ba har ya koma ga Allah. Ni kuwa kwana shida ba ta yi mini magana ba sai ta dole, ɗauko wancan, rufe ƙofa. Tana fita da tirenta ta dawo, ta ci abinci ta juya mini baya. Gida ya yi mini zafi, ga shirin biki ana yi, mata suna shigowa suna guɗa.

Rana ta bakwai na ce in ma za ta kore ni ta kore ni. Na sauko da na ukun, na buɗe shafin, na je na durƙusa a gabanta tana tankaɗe. Na ce akwai abin da Yaya ya rubuta da hannunsa, da Hausa, kuma na ɓoye mata. Ba ta ce karanta ba, ba ta ce bari ba. Na karanta. Da na zo wurin an haife ta a hanya, ba ƙasar da ta rubuta ta, sai rariyar ta tsaya.

"Sake," ta ce.

Na sake.

"Wato takarda ya tafi nemo mini."

"I, Inna."

"Wawan yaro," ta ce. "Wa ya ce masa ina son takarda? Ni shi nake so." Sai ta fashe da kukan da ban ga ta yi ba ko ranar da aka fita da shi. Na rungume ta, ta ture ni, na sake rungume ta, ta bari.

Da ta natsu ta share fuska ta ce in nuna mata inda ya rubuta sunanta. Na ɗora yatsana a kan kalmar. Ta sunkuya ta daɗe tana kallo. Sannan ta ce, "Maganar ruwan nan, cewa na kowa ne. Yana ciki da gaske, ko ke kika ƙirƙira?" Na rantse mata yana ciki. Ta ce, "To."

Kwana biyu bayan nan ta sa aka kawo mata zir, babbar randar ƙasa, aka kafa a ƙofar gida a inuwar bango, da moɗa ɗaure da sarƙa. Kullum saƙƙa ya zo, garwa ɗaya tamu, ɗaya ta Yaya. Ta je da kanta ta tambayi Liman ko wannan yana isa, ya ce mata yana isa, ba shakka. 'Yan dako, da yaran makaranta, da alhazan da suka ɓata hanya, duk sun sha a randar nan. In ta ga mutum ya kafa kai yana sha sai ta ce a hankali, "Allah ka kai masa."

Ba ta sake cewa in karanta mata ba, ni ma ban sake tayarwa ba. Littattafan suka ci gaba da zama a kan dulab cikin haramin Baba. Na taɓa tambayarta ko in tafi da su, tunda yanzu ta san ko mene ne. Ta harare ni ta ce, "Da Larabci aka rubuta su ko ba da Larabci ba? Bar mini kayana." Takardar kuwa ba ta samu ba har ta rasu, shekara goma sha ɗaya bayan aurena.

Bayan an share makoki na hau kujera na sauko da su. Ƙamshin turare ya bugi hancina, sabo, ba na shekarun baya ba. Biyun farko suna nan yadda na bar su. Na ukun da na ɗaga sai ya buɗe da kansa, akwai zaren buhu a tsakiya. Shafin Yaya ne. Gefen takardar ya yi laushi don yawan buɗewa, kuma a ƙarƙashin kalma ɗaya, inda na taɓa ɗora mata yatsa, takardar ta yi duhu da man gyaɗa, fensirin ya kusa gogewa. Kalmar da ta iya karantawa ke nan a duniya, kuma ba ta taɓa faɗa mini tana buɗewa ba.